Kafin ka sa hannu a bashin gida, yi wanga lissafi

Jama'a musamman ma'aikatan Birnin Kebbi da ke neman gida ta banki, don Allah ku daina kallon abin da za a cire duk wata kawai. Ɗauki kuɗin wata ɗaya ka ninka sau 12, sannan ka ninka da yawan shekarun, shi ne ainihin kuɗin gidan.

Misali bashin NHF (asusun gidaje na ƙasa) na FMBN, bankin bashin gidaje na gwamnatin tarayya, ruwansa kashi 6 ne a shekara, kuma yana kaiwa shekara 30. In ka karɓi naira miliyan 10, duk wata kusan dubu 60 za ka biya, kamar da sauƙi ko? To a shekara 30 ka zuba sama da miliyan 21 da rabi, ruwan ya ma fi uwar kuɗin. In ka iya shekara 15 kuwa wata zai koma wajen dubu 84 amma jimilla miliyan 15 da ɗoriya ce, sama da miliyan 6 sun tsira, ni dai in albashi zai ɗauka gajeren nake ba mutum shawara.

Sannan ka ce su rubuto maka jadawalin biya, domin shekarun farko yawancin kuɗinka ruwa yake tafiya bashin bai motsa sosai ba. Tambayi kuɗin inshora, na lauya, na takardar mallaka, da ko akwai tara in ka biya da wuri.

Mai gudun kuɗin ruwa ya duba bankunan Musulunci irin su Jaiz, amma can ma a faɗa maka jimillar farashi a rubuce kafin ka yarda.