Kafin a kai karya barbara, a duba takardar inshora

Jama'a, masu kiwon karnuka da kyanwoyi, ku sani yawancin inshorar dabbobin gida ba ta biyan kuɗin ciki da haihuwa. Ku buɗe shafin da aka jera abubuwan da kamfani ba ya ɗauka, galibi a nan za ku tarar da barbara, ciki da naƙuda.

Wasu kamfanoni suna sayar da ƙarin kariya ta masu kiwo, amma sai an saya tun kafin barbara. Cikin karya kwana 63 ne ko kusa da haka, inshora kuma tana da kwanakin jira kafin ta fara aiki, sau da yawa 14 ga rashin lafiya. In ciki ya riga ya shiga, za su ce tsohon lamari ne, ba ruwansu.

Ku nemi amsa a rubuce: suna biyan tiyatar gaggawa in ɗan kwikwiyo ya maƙale? Ciwon nono fa, da farfaɗiyar ƙarancin kalsiyam bayan haihuwa? Tiyatar da aka tsara tun farko, irin wadda ake yawan yi wa karya jinsin bulldog saboda girman kan 'ya'yanta, da wuya su biya.

'Yan kwikwiyon ma ba sa cikin inshorar uwarsu, kowanne sai an yi masa tasa, yawanci daga mako 8.