Yadda Ake Dafa Koren Wake da Miyar Hosradish Mai Tsami

A gidajenmu koren wake ɗan rakiya ne. A yayyanka shi ƙanana, a watsa a soyayyiyar shinkafa tare da karas, shi ke nan. Ba kasafai za ki ga an ɗora shi a faranti shi kaɗai an ce ga abin ci ba. Ni ma haka na ɗauke shi, sai da zama ya kai ni wani gari kusa da Nürnberg a kudancin Jamus, yankin da ake kira Franken. A can wata tsohuwa maƙwabciyata, wadda yaran unguwa kowa ke kira Oma, ta kawo min kwano ɗaya na koren wake an kwarara masa wata farar miya mai kauri. Cokali ɗaya na kai baki, wani zafi ya haura min hanci har idona ya kawo ruwa, kafin na ajiye cokalin kuma ya wuce, ya bar tsami mai daɗi da zaƙin waken. Washegari na ƙwanƙwasa mata ƙofa na ce sai ta koya min.

Abin da ya haura min hanci wata saiwa ce. Turawan Ingila suna kiranta hosradish, Jamusawa su ce Meerrettich, mutanen Bavariya da Ostiriya kuma su ce Kren. Doguwa ce kamar siririn rogo, bayanta ruwan ƙasa, cikinta fari fat. Dangin kabeji da mastad ce. Garin Baiersdorf da ke kusa da Erlangen ya yi suna wajen nomanta tun ɗaruruwan shekaru, har akwai matan da a da suke yawo gida-gida da kwanduna suna tallanta. A Vienna ana cin ta da dafaffen naman sa, abincin da suke kira Tafelspitz. A Poland suna haɗa ta da jan gwoza (beetroot) lokacin Ista, Yahudawan gabashin Turai kuma ita suke ɗorawa a matsayin ganye mai ɗaci a Idin Ƙetarewa (Fasoba).

Kafin ki ɗora tukunya, ki san halin saiwar nan, domin a kansa girkin gaba ɗaya ya rataya. Idan kika shinshina ta ba a yanka ba, kusan ba za ki ji komai ba. Sai an gurza ta, ƙwayoyin jikinta sun farfashe, sannan wani sinadari mai suna sinigrin ya haɗu da wani da ake kira myrosinase, su haifar da wani mai da ke tashi cikin iska. Shi ya sa zafinta ba irin na attarugu ba ne. Attarugu harshe yake kamawa ya zauna daram. Ita wannan sama take yi, hanci da ido, kuma ba ta daɗewa. Abin da ke tashi a iska kuwa wuta ta fi kowa saurin korar sa. Ranar farko da na gwada ni kaɗai, na zuba gurzajjiyar saiwar cikin madara tana tafasa na bar ta minti biyar. Miyar ta fito salam, da ɗan ɗaci-ɗaci a ƙarshen harshe. Da na kai wa Oma ta ɗanɗana, sai ta dafa kafaɗata ta ce, "'Yata, kren ba ya shiri da wuta. Sauke tukunyar tukuna, sannan ki gabatar da su."

Ga abin da za ki tanada don mutum huɗu: koren wake rabin kilo, bota cokali 2 babba, ƙaramar albasa guda, fulawa cokali 1, madarar ruwa kofi 1 (kimanin mililita 250), kindirmo mai kauri ko yogot marar sukari cokali 3, gurzajjiyar hosradish cokali 2 zuwa 3, ruwan lemun tsami cokali 1, gishiri, masoro kaɗan, da sukari ɗan abin da yatsu biyu za su ɗiba. Jamusawa da kirim mai tsami suke yi, amma na sha gwadawa da kindirmo, kuma wallahi bai gaza ba, in dai mai kauri ne wanda ba a tsinka da ruwa ba.

Wajen sayen waken kada ki yi kunyar karya guda ɗaya a gaban mai kaya. Sabo yana karyewa ƙas, ki ga ɗan ruwa a bakin karayar. Wanda ya lanƙwasa kamar igiya ya kwana biyu, wanda 'ya'yansa suka kumburo ta cikin kwasfa kuma ya tsufa, zai yi miki zare a baki. Sirara masu santsi ki zaɓa. Ki wanke, ki gutsure kan da yake manne da itace, in akwai zare a gefe ki ja shi ya fita. Ni dogayensu nake bari, sai in sun wuce tsawon yatsa sosai in raba biyu.

Ki ɗora ruwa mai yawa a babbar tukunya, kamar lita 2, ki zuba gishiri cokali guda babba. Kada yawan gishirin ya ba ki tsoro, mafi yawansa a ruwan zai tsaya. Sai ruwan ya tafasa sosai yana tsalle za ki zuba waken, kuma kada ki rufe. Ruwa mai yawa ba ya hucewa idan an zuba wake, saboda haka dahuwar takan yi sauri kuma launin ya tsaya.

A nan zan roƙe ki abu guda: ki ajiye kanwa. Na san da yawa cikinmu mun saba jefa 'yar kanwa a ganye don ya riƙe korensa, kuma gaskiya ne tana riƙewa. Amma tana narkar da jikin koren wake ya koma lugub, tana kuma lalata wasu sinadaran gina jiki da ke cikinsa. Abin da kike nema shi ne wake mai laushi da har yanzu haƙori zai san ya ciji wani abu.

Ki ba shi minti 8 zuwa 10, gwargwadon kaurinsa. Kada a ci shi ɗanye ko rabin dahuwa, domin ɗanyen koren wake yana da wani sinadari mai ɓata ciki wanda tafasa ce take kashe shi. A Jamus shawarar da aka fi bayarwa ita ce minti 10. Ki tsamo guda ki tauna. Idan ƙarnin ɗanye ya tafi, ya yi. Nan take ki tsane shi a matsami ki juye cikin ruwan sanyi, in da ƙanƙara ya fi. Sanyin ne zai tsayar da dahuwar, in ba haka ba zafin jikinsa zai ci gaba da dafa shi. Bayan minti biyu ki tsane, ki baza a tsumma mai tsabta ya sha iska.

Sai miya. Ki narka bota a ƙaramar tukunya kan wuta kaɗan-kaɗan, ki zuba albasar da kika yanka siƙil-siƙil. Laushi ake so ta yi, kada ta yi ja, don miyar fara ce. Ki barbaɗa fulawa ki juya minti guda har ƙamshin ɗanyen gari ya ɓace. Sannan madara: kaɗan za ki fara zubawa kina juyawa da sauri, ta haɗe, ki ƙara, ta haɗe, har ki gama. Wanda ya juye madarar a lokaci ɗaya zai sha fama da gudaji. Ki bar ta ta yi ɓararraka a hankali minti 4 ko 5, har ta riƙa manne a bayan cokali. Ki sa gishiri, masoro da ɗan sukarin, ki sauke.

Yanzu ne lokacin gurza saiwar, ba tun da safe ba. Ki fere iya inda za ki yi amfani da shi kawai, ki buɗe taga, ki kawar da fuskarki daga saman magogi, don ta fi albasa sa hawaye nesa ba kusa ba. Ki yi amfani da gefen magogin mai ƙananan huda. Akwai wata dabara da na daɗe ban gane ba: tsami yana tsayar da aikin sinadaran nan biyu. Idan kika matsa lemun tsami nan take bayan gurzawa, zafin zai zo da sauƙi. Idan kika jira kamar minti 3 kafin ki matsa, zai kai ƙarshen ƙarfinsa. In da yara a gidan ki matsa da wuri. Lemun yana kuma hana ta yin duhu. Wasu ruwan khal suke sawa, ni dai lemun tsami ya fi kwanta min.

Ki bari miyar ta ɗan huce, yadda za ki iya tsoma ɗan yatsa ba ki janye da sauri ba. Sannan ki zuba kindirmo ki juya, domin in ya haɗu da tafasa tsinkewa zai yi. Bayan shi ki zuba hosradish, cokali 2 tukuna. Ki ɗanɗana. Saiwoyin ba ƙarfinsu ɗaya ba, wata cokali guda ya isa, wata sai uku.

Idan ba ki samu ɗanyar saiwar ba, ana sayar da gurzajjiya a 'yan kwalabe a manyan kantuna masu kayan waje. Ki duba jikin kwalbar: akwai zalla, akwai wadda aka riga aka haɗa da kirim, ita kuma ba ta da ƙarfi sosai, sai kin ƙara yawa. Ta kwalba da tsaminta take zuwa, don haka ki rage lemun. In ita ma babu, koren yajin nan na Japan mai suna wasabi da ake sayarwa a bututu, mafi yawansa hosradish ne aka rina, rabin ƙaramin cokali zai fitar da ke. Mastad mai ƙarfi shi ma ɗan'uwanta ne, zai ba da wani abu makamanci.

Wata za ta ce ai ga zogale a bayan gida. Gaskiya ne Turawa suna kiran zogale bishiyar hosradish, saboda saiwarsa tana da irin wannan yajin. Amma ban ba ki shawarar ki tono ta ki gurza a miya ba. Masana suna gargaɗi a kan cin saiwar zogale da ɓawonta, musamman ga mai juna biyu. Ganyensa dai ki ci gaba da kwaɗonki.

Abu na ƙarshe shi ne haɗawa, kuma sai an zauna cin abinci ake yi. Ki ɗumama waken a kasko da ɗan bota minti 2, ki juye a faranti mai faɗi, ki kwarara miyar a tsakiya ki bar gefe-gefe kore ya fito. Kada ki cakuɗa ki ajiye, domin tsami idan ya zauna a jikin koren wake yana mayar da launinsa ya koɗe kamar tsohon ganye, ƙamshin saiwar kuma yana ta guduwa. Ya dace da dafaffen naman sa, yadda mutanen Franken suke cin kren ɗinsu, ko gasasshiyar kaza, ko kifi, da dafaffen dankalin turawa a gefe don ya kwashe miyar.

Ragowar saiwar ki naɗe ta da ɗan tsumma mai danshi ba tare da kin fere ba, ki sa a firji, za ta yi makonni. Miyar da ta rage kuma kada ki mayar da ita kan wuta ta tafasa. Ki ɗora kwanon cikin ruwan zafi ta ɗumama a hankali, sannan ki gurza sabuwar saiwa rabin cokali ki ƙara.