Yadda Za Ka Kalli Finafinan Farfasa Motoci Na Da

Ka fara da Gone in 60 Seconds na 1974. Ka kula wurin nema, akwai wanda aka sake yi a 2000 da Nicolas Cage, ba shi nake nufi ba. Na asalin, H.B. Halicki ne ya yi shi da kuɗin aljihunsa, shi ya ba da umarni, shi ya tuƙa motar. Farkonsa yana jan ƙafa, yawancin 'yan wasan ma ba ƙwararru ba ne. Ka daure. Gudun tsira daga 'yan sanda da ke ƙarshe ya kai minti 40, kuma motoci 93 aka lalata a gudun nan.

Idan ka iso nan, ajiye waya, ƙara murya. Zuba wa ƙarfen ido: yadda gaban mota ke lotsawa, yadda take jijjiga bayan ta dira, yadda gilashi ke watsewa a kwalta. Babu aikin kwamfuta a ciki, shi ya sa nake ƙaunarsa har zuciyata. Wurin da rawayar mota ƙirar Mustang ta daki turken fitila a babban titi haɗari ne na gaske, Halicki na ciki, aka bar shi a fim. Mayar da wurin baya ka sake kallo. Mutumin ya rasu a 1989 yana ɗaukar kashi na biyu.

Sai Vanishing Point na 1971, labarin gudun farar mota ƙirar Dodge Challenger daga Denver zuwa San Francisco. A ƙarshen fim, inda motar ta yi karo da katafila biyu, tsayar da hoton ka duba da kyau: tsohuwar Camaro aka saka a madadinta.

Death Race 2000 na 1975, wanda Roger Corman ya ɗauki nauyi, akwai jini da tsiraici, kada ka kunna shi gaban yara.

Mad Max na 1979 kuwa ka bar shi a ƙarshe. Wanda ya ba da umarninsa, George Miller, likita ne, ya yi aiki a sashen gaggawa na asibiti a Sydney, ya ga abin da mota ke yi wa jikin ɗan Adam. A wurinsa karo yana da ciwo, za ka ji shi a jikinka.

In da hali, nemi na Halicki mai sautin asali, domin a kwafin da aka gyara daga baya an sauya kiɗan da ƙarar injuna.