Yadda Ake Saita Jita a Tsarin E, G#, C

Masu tambayar yadda ake saita jita a wannan tsari sun yi yawa, to ga yadda ake yi. Sauti uku ne kacal, ana maimaita su: E, G#, C, E, G#, C, daga tsirkiya mai kauri zuwa siririya. Tazarar kowace biyu gaɓa 4 ce (gaɓa ita ce tsakanin ƙarfe da ƙarfe a wuyan jita).

1. Buɗe manhajar saita sauti, ka zaɓi yanayin da ke nuna sautuka 12 duka. Yanayin jita na yau da kullum ba zai nuna maka G# ba.
2. Tsirkiya ta 6, wato mafi kauri, ka bar ta a E.
3. Sassauta ta 5 daga A zuwa G#.
4. Sassauta ta 4 daga D zuwa C.
5. Ta 3, daga G zuwa E.
6. Ta 2, daga B zuwa G#.
7. Ta 1, daga E zuwa C.

Hattara a nan! Ƙasa ake yi da ita, gaɓa 4. Wanda ya ɗaure ta yana neman C na sama, tsinke masa za ta yi a hannu.

8. Danna gaɓa ta 4 a kowace tsirkiya banda ta 1, ka kaɗa ta tare da ta kusa da ita mafi siranta. Muryarsu ta zo ɗaya.
9. Sake bin duka shidan, don wuyan jita yakan ɗan motsa idan ja ya ragu.
10. Idan ta 1 ta yi laushi tana zizar ƙarfe, canza ta daga mai kaurin inci 0.010 zuwa mai inci 0.013. Ta 2 da ta 3 ma a ƙara musu kauri, sautin ya fi tsayawa.