Yadda Ake Bin Sawun Ƙaramin Ɗan Wasa na Zamanin Majigi

Duk wanda yake Bauchi kuma yake son tattara tarihin wani tsohon ɗan wasan kwaikwayo, irin waɗanda kan fito a dogari ko maroƙi ko ɗan doka su faɗi magana biyu su wuce, to ya fara da tantance suna. Jama'a sunan wasa suke riƙewa, kamar yadda Samanja ya danne Usman Baba Pategi, alhali takardun aiki da na albashi sunan yanka suke ɗauke da shi. Ka rubuta duka biyun, haɗe da sunan mahaifi da na unguwa.

Daga nan ka nemi mutane kafin takardu, domin takarda tana jira, dattijo kuwa ba shi da tabbas. Tsofaffin ma'aikatan BRC, wato gidan rediyon Jihar Bauchi, da na NTA Bauchi, musamman masu ɗaukar hoto da masu haɗa sauti, sun fi manyan jarumai tuna wanda ya tsaya a gefe. Ka je da hoto idan akwai, ka gaisa yadda ya kamata, sannan ka ce, "Baba, a ba ni izini in naɗi maganar nan." Kada ka tambayi shekara kai tsaye, don ba kasafai ake riƙe ta ba. Tambaya za ka yi ko abin ya faru kafin a ƙirƙiro Jihar Bauchi a 1976 ko bayanta, kuma wa yake gwamna. Idan aka ce an gan shi a allo kafin 1962, shekarar da talabijin ya fara aiki a Kaduna, to majigi ake nufi, wato fim ɗin da ake yawo da shi gari-gari ana haskawa a fili, ko silima.

Abin da ka ji sai ka gwada shi da rubutu. Tsofaffin kofe na Gaskiya Ta Fi Kwabo, wadda ta fara fitowa a 1939, ka neme su a cibiyar binciken tarihi ta Arewa House da ma'ajiyar tarihi ta ƙasa, duka a Kaduna. Kaset ne mai wuyar samu, saboda gidajen talabijin sun sha goge tsohon shiri su naɗi sabo a kansa. Duk da haka ka tuntuɓi ma'ajiyar Hukumar Fina-finai ta Najeriya a Jos, tunda fim ɗin Shehu Umar na 1976, wanda aka ɗauko daga littafin Abubakar Tafawa Balewa, an tsinto shi a Legas bayan an fid da rai, aka gyara, aka nuna shi a birnin Balin na Jamus a 2018. In ka samu fim, ka tsayar da shi a kan jerin sunaye ka kwafe su baki ɗaya. Inda majiya biyu suka saɓa, ka rubuta kowacce da sunan wanda ya faɗa da ranar da ya faɗa.