In kwamfuta ta ƙi tashi, kar a yi saurin yanke wa madabod (babban allon da ke cikinta) hukunci

'Yan uwa masu gyara a Damagaram, ku fara da akwatin wutar, wato wanda ke raba wa sassan kwamfutar wuta. A jona shi, a ɗora mitar auna volt kan waya mai launin shunayya da baƙa: dole a ga volt 5 ko injin na kashe. In babu, akwatin ne ya mutu, galibi saboda wutar da ke ɗaukewa tana dawowa.

In akwai, a cire wayar maɓallin kunnawa, a taɓa filoli biyun PWR_SW (inda wayar ke shiga a madabod) tare da bakin sukundireba. Ta tashi? Maɓallin ne.

Ba ta tashi ba, a zare wuta, a cire RAM (katin ƙwaƙwalwar kwamfuta), a goge haƙoransa da abin goge fensir, ƙurar hunturu kan toshe su. Batirin CR2032, ƙaramin batirin da ke kan madabod, dole ya nuna volt 3 a mita. Kafasita (ɗan gwangwanin da ke riƙe wuta a kan madabod) mai kumburin kai kuwa, sai canji.