Yanda ake sassaƙa jirgin yaƙin Maori, tun daga bishiya har ya shiga ruwa

Duk wanda ya kalli bidiyon jana'izar sarkin Maori, Tuheitia, a watan Satumba na 2024 ya ga jirgin da nake magana a kai. Dogo ne ja mai tsini, maza cike a ciki suna tuƙi da murya ɗaya, da shi aka ɗauki gawar sarkin a kan kogin Waikato zuwa dutsen Taupiri inda ake binne sarakunansu. Su Maori, asalin mutanen Niyu Zilan, waka suke ce wa kowane jirgin ruwa, na yaƙin kuma waka taua. Bari in bi da kai yanda ake yin sa, kuma ka sani tun yanzu cewa rabin aikin ba na hannu ba ne, na ladabi ne da kiyaye al'ada.

Da bishiya ake farawa. Totara aka fi so saboda ba ta saurin ruɓewa kuma tana karɓar sassaƙa, a can arewa kuma inda wata bishiya mai suna kauri take da yawa da ita ake yi. Ba wai yau ka gani gobe ka sare ba, akan yi wa bishiya alama shekaru kafin a zo kanta, a share ciyayin gindinta kowa ya san tana da mai ita, wani lokacin ma a ɓare ɓawon gefe ɗaya don wajen ya fara laushi, in an zo rarakewa aiki ya yi sauƙi. Kafin nan kuma sai an ƙara noma, tunda mutanen da za su shafe shekara ɗaya ko biyu suna wannan aiki ciyar da su sai an shirya.

Kada ka ɗora gatari a jikinta sai gwanin masassaƙa, wanda suke kira tohunga, ya yi addu'o'insu na gargajiya da suke ce wa karakia, ana neman izinin Tane wanda a imaninsu shi ne mai daji. Suna da labarin wani Rata da ya sare bishiya bai nemi izini ba, da safe ya dawo ya tarar tsuntsaye da ƙwari sun tattara ɓarɓashin sun mayar da ita tsaye kamar ba a taɓa ta ba, haka aka yi ta yi har sai da ya gane laifinsa ya ba da haƙuri, sannan su da kansu suka sassaƙa masa jirgin. Daga ranar da aka fara aiki wajen ya zama tapu, wato keɓaɓɓe, ba a kawo dafaffen abinci kusa, kuma ɓarɓashin itacen ba a girki da shi.

A da babu ƙarfe a ƙasar ko kaɗan, don haka da gizagon dutse da wuta ake kayar da ita. A hura wuta a gindi, a kankare gawayin da gizago, a sake hurawa, haka har ta faɗi. Da wutar dai ake fara rarake cikin gungumen tun a daji don ya rage nauyi, kuma nan ne ake son mai haƙuri, domin in wuta ta ci gefe ɗaya fiye da kima to jirgin zai riƙa karkata a ruwa har ƙarshen rayuwarsa. Gizagon nasu toki ake ce masa, wanda ya taɓa zama kusa da masu sassaƙa turmi a wajenmu zai gane irin saran, ƙanana-ƙanana a jere.

Sai janyowa zuwa bakin ruwa. A jera itatuwa a ƙasa, a ɗaura igiyoyi, jama'a su taru suna ja ana ba su waƙa suna amsawa.

A bakin ruwan ne ainihin gwaninta take fitowa. In gungume ɗaya bai kai tsawon da ake so ba sai a ƙara masa guntaye gaba da baya, haumi kenan, a sassaƙa bakinsu yanda za su shige juna daram. Sannan a kawo dogayen alluna, rauawa, a ɗora a gefe da gefe don jirgin ya ƙara zurfi igiyar ruwa ta daina faɗowa ciki. Ƙusa ko ɗaya babu fa. Huda ake yi a jere a jikin allon da jikin jirgin, a ɗinke da igiyar da aka tufka daga zaren wata ciyawa mai dogon ganye, harakeke, a ɗora siririn itace a kan haɗin ya rufe shi, ramukan kuma a toshe da audugar raupo, wata ciyawar fadama irin kacalla. Ni wannan ɗinkin ya fi komai burge ni, saboda jirgin da aka ɗinka yana ɗan lanƙwasawa ya bi ruwa maimakon ya tsage, kuma in igiya ta tsufa sai a kwance a sake sabuwa. Daga nan a gitta sandunan zama, a shimfiɗa ƙananan itatuwa a ƙasa inda matuƙa za su durƙusa.

Yanzu ado, kuma kada ka ɗauka kwalliya ce kawai. Goshin jirgin, tauihu, ana sassaƙa shi da zane mai murɗe-murɗe da siffar mutum ya zaro harshe, idanunsa na ɓawon paua, wani irin dodon koɗin teku, mai ƙyalli. Na bayan kuma, taurapa, siriri ne a tsaye ya fi mutum tsawo. A shafe jikin da jar ƙasa da aka kwaɓa da man kifin shak, a ɗaura gashin tsuntsaye, wasu su riƙa jan ruwa a baya. Sai a raɗa masa suna, sau da yawa sunan wani kaka ko wani jirgin kakanni. Dalili kuwa, Maori da jirgi suke faɗin asalinsu: kakanninsu sun iso ƙasar wajen shekara 700 da suka wuce a jirage irin su Tainui da Te Arawa da Takitimu, har yau in mutum zai gabatar da kansa a taro sai ya ambaci dutsensu da koginsu da jirginsu.

Ranar sakawa a ruwa a sake yin karakia a ɗage tapu ɗin aikin. Tuƙin kansa sai an koya, ba injin ba komai sai filafili, kowa da nasa, ga wani a tsaye a tsakiya, kaihautu, yana ba da kira kowa na tsoma filafili a lokaci guda, in mutum ɗaya ya saɓa na bayansa zai buga. A yawancin ƙabilu maza ne kawai ke tuƙa waka taua, kuma ba a cin abinci a ciki. Gudun irin waɗannan jirage tun 1642 Turawa suka ɗanɗana shi, lokacin da wani jirgin Maori ya daki ƙaramin jirgin mutanen Abel Tasman, wani matuƙin jirgin ruwa ɗan ƙasar Holan, mutum 4 suka mutu.

In kana son ganin ƙarshen aikin da idonka, akwai Te Toki a Tapiri a gidan tarihi na Auckland, an yi shi wajen 1836, tsawonsa mita 25, yana ɗaukar mutum 100. Wanda har yanzu yake shiga ruwa kuma shi ne Ngatokimatawhaorua a Waitangi, an sassaƙa shi da manyan bishiyoyin kauri 3 don bikin 1940 na cika shekara 100 da yarjejeniyar Waitangi da aka ƙulla tsakanin shugabannin Maori da Ingila ranar 6 ga Fabrairu, ya haura mita 35, sai da matuƙa 76 aƙalla yake tafiya daidai. Nauyinsa tan 6 a bushe, in ya sha ruwa ya ninka. Kowace shekara ranar 6 ga Fabrairu ake turo shi daga rumfarsa zuwa teku, don haka in za ka je ka isa bakin ruwan da sassafe.